Gargaɗi ga Masu Furanni a Gida: A Zubar da Ruwan Ƙarƙashin Tukunya

Jama'ar Sakkwato, musamman masu ajiye furen okid a falo da baranda: kada ku bari ruwa ya kwana a farantin da ke ƙarƙashin tukunya. Ruwan nan yana ruɓar da furen, kuma a cikinsa sauro ke hayayyafa.

A ƙarshen shekarar 2023 hukumar yaƙi da cututtuka ta ƙasa, NCDC, ta tabbatar da ɓullar zazzaɓin dengi a jihar nan, aka tabbatar mutum 13 sun kamu, kuma a Sakkwato ta Kudu abin ya fi ƙamari. Sauron da ke yaɗa shi baƙi ne mai ratsin fari a ƙafafu. Da rana yake cizo, lokacin da gidan sauro ke naɗe. Ɗan ruwa mai tsabta ya ishe shi. Ƙwansa na mannewa a gefen faranti, ya jure bushewa wata da watanni, ruwa na taɓa shi ya ƙyanƙyashe. Cikin kwana bakwai zuwa goma sauro ya tashi.

Shi kuwa okid mai kama da malam-buɗe-littafi, asalinsa dazukan Indonesiya da Filifin ne, inda yake maƙale a jikin bishiya, saiwoyinsa na shan iska. Shi ya sa ake dasa shi a ɓawon itace. Zafin Sakkwato kan sa a riƙa ɗura masa ruwa kullum, sai saiwa ta yi baƙi ta yi laushi, ganye ya yanƙwane. Mai shi ya zaci ƙishi ne, ya ƙara.

Don haka:

1. A duba saiwa kafin a ba da ruwa. In kore ce shar, a dakata. In ta koma fari-fari, lokaci ya yi.
2. A ba da ruwa da safe, a bar shi ya tsiyaye tas, a zubar da na faranti.
3. Ruwan da ya faɗa tsakiyar ganye a tsane shi da ƙyalle.
4. A goge faranti da soso duk mako, a rufe randa da durom, a kife tsofaffin gwangwanaye.

Wanda ya ji zazzaɓi mai zafi da ciwon gaɓoɓi da na bayan ido, ya garzaya asibiti. Kada a sha asfirin ko ibufurofen, domin suna iya jawo zubar jini. A sanar da maƙwabta.