Kwali, Gam da Tawada: Abin da Makarantun Zamfara Za Su Koya Daga Belkis Ayon

Duk lokacin da aka tambayi dalilin da ya sa darasin zane ya yi rauni a makarantunmu na karkara, amsar ɗaya ce: babu kayan aiki. Fenti ya yi tsada, ga aljihun iyaye a bushe. Wannan uzuri ya zama karɓaɓɓe daga Talata Mafara zuwa Bakura, daga Maradun zuwa Gidan Goga, har an daina tuhumarsa. A ganina uzurin bai da ƙarfin da ake ba shi, kuma rayuwar wata baƙar mace 'yar ƙasar Kyuba, Belkis Ayon, ta isa hujja.

An haife ta a birnin Habana ranar 23 ga Janairu, 1967. Ta yi karatun zane a makarantar San Alejandro, sannan ta kammala babbar cibiyar fasaha ta ƙasar a 1991, wato shekarar da Tarayyar Sobiyet ta wargaje. Wannan rushewa ta jefa Kyuba cikin ƙuncin mai da abinci da wutar lantarki, balle kayan zane. Ƙuncin bai tsayar da ita ba, domin ta riga ta kama wata hanyar buga zane da ake kira kolografi, wadda ba ta cin kuɗi. Mai zane zai ɗauki kwali, ya yanka takardu masu santsi da masu kaushi irin sanfefa, ya liƙa su da gam bisa siffar da yake so. Idan ya bushe sai ya shafa tawada, ya goge, ya ɗora takarda mai ɗan danshi, ya tura cikin injin matsi. Wurin da ke da kaushi yakan riƙe tawada ya fito baƙi ƙirin, mai santsi kuma ya fito fari ko toka-toka. Aikin kamar na hatimi ne: a sassaƙa sau ɗaya, a buga sau da yawa. Daga farkon shekarun 1990 ta taƙaita kanta ga baƙi da fari da ruwan toka, tana haɗa fallayen takarda har hoton ya kai tsayin mutum.

Abin da ta zana yana da jijiya a Nijeriya. Ta duƙufa a kan Abakuwa, ƙungiyar asiri ta maza zalla da aka kafa a Regla, kusa da Habana, a 1836, wadda asalinta ƙungiyar Ekpe ce da bayi suka tafi da ita daga yankin Kalaba. A tatsuniyar ƙungiyar, wata budurwa mai suna Sikan ta je ɗibar ruwa a kogi, wani kifi mai ɗauke da sirri ya faɗa tulunta, daga baya maza suka kashe ta suka riƙe sirrin. Ayon ta mai da wannan budurwa tsakiyar aikinta. Mutanen da ke cikin hotunanta ba su da baki, sai idanu farare masu kafe mai kallo, jikin wasu lulluɓe da ɓawon kifi. Ba sai an yi wa kowa fassara ba: wannan hoton wanda ya ga abu ne aka hana shi faɗa. Tana da shekara 26 aka nuna aikinta a babban baje-kolin birnin Benis na Italiya a 1993. Ta koyar a makarantun da suka yaye ta, kafin ta ɗauke ranta da hannunta ranar 11 ga Satumba, 1999, tana da shekara 32, abin takaici ƙwarai. Bayan rasuwarta an baje ayyukanta a gidan tarihi na Fowler da ke Los Anjeles a 2016, da na Reina Sofia a Madrid a 2021.

Mai karatu Musulmi zai ce: me ya haɗa 'ya'yanmu da hotunan ƙungiyar tsafi, ga kuma maganar malamai a kan zana mai rai? Tambaya ce mai nauyi, kuma ba ta raini ba ce. Sai dai abin da nake kira a ɗauka hanyar aikin ce, ba aƙidar ba. Ita kanta Ayon ba 'yar ƙungiyar ba ce, domin ba a karɓar mata. Dabarar kwali da tawada kuwa ba ta tilasta wa kowa zana mutum ko dabba. Muna da zayyanar da ake ƙawata allon sauka da ita, da dagi, da aska takwas ta babbar riga, da zanen ƙwarya, da ƙunshin da 'yan mata ke zanawa ranar biki ba tare da sun taɓa shiga ajin zane ba. Duk waɗannan layuka ne da siffofi, kuma irinsu ne suka fi fitowa fes a bugu. Hannun da ya iya ƙunshi ya riga ya yi rabin karatun.

Ƙorafi na biyu ya fi ciwo. Wani zai ce a yankin da 'yan bindiga suka addaba, inda manomi ke shakkar zuwa gona, maganar zane wasa ne da hankalin mutane. Gaskiya ne tsaro da abinci su ne gaba, kuma zane ba ya korar ɗan bindiga. Amma yaran da suka ga irin ta'asar 'yan bindigar da mutanen Gidan Goga suka gani suna ɗauke da labarin da bakinsu ba zai iya furtawa ba, kuma ba su takarda su fitar da shi ba almubazzaranci ba ne. Ta fuskar abinci kuwa, bugu ya fi sauran zane kusa da kasuwa, tunda kwali ɗaya kan ba da kwafi da dama: katin biki, bangon littafi, adon atamfa da riguna. Na yarda Ayon ta sami injin matsi a makarantarta. To amma matakin farko ana yin sa da bayan cokali a murza takarda a kan kwalin, kuma injin ba wani abu ba ne illa naɗi biyu na ƙarfe da hannun juyawa, wanda bai fi ƙarfin masu walda na Mafara ba.

Irin wannan tafarki ba baƙon abu ba ne a Arewa. A Zariya Bruce Onobrakpeya, babban mai buga zane na Nijeriya, ya yi karatu, inda shi da su Uche Okeke da Demas Nwoko da Yusuf Grillo suka kafa ƙungiyar masu zane ta Zariya a 1958, bisa ra'ayin a haɗa sabuwar dabara da gadon gida. Ladi Kwali kuma ta shiga cibiyar tukwane ta Michael Cardew a 1954 da gwanintar da ta koya a ƙauye, ga hotonta yau a takardar naira 20.

Kirana ga Kwalejin Ilimi ta Maru da Kwalejin Kimiyya da Fasaha ta Abdu Gusau da ke Talata Mafara: su horar da malaman firamare wannan dabara, su fara da makarantun 'yan mata. Kwalin da 'yan tireda ke zubarwa kullum ya isa a buɗe ajin farko.