Boston Ta Farko: Garin Da Masu Gudun Hijira Suka Kafa

A watan Yunin 1630, jirgin ruwan Arbella ya isa Salem, a gaɓar gabashin ƙasar da yau ake kira Amurka, bayan wata biyu a kan teku. Shi ne jagaban ayarin jirage 11 da suka kwaso mutum kimanin 700 daga Ingila, ƙarƙashin wani lauya mai suna John Winthrop. Sabuwar ƙasar ba ta yi musu maraba ba. Ɗan Winthrop, Henry, ya nutse a kogi jim kaɗan da saukarsa, kuma kafin shekara ta ƙare cuta da ƙarancin abinci sun kashe kusan 200. Duk da haka a watan Satumba suka raɗa wa sabon garin da suka kafa bayan barin Salem suna Boston.

Waɗannan su ne 'yan Furitan, Kiristocin da suka ga Cocin Ingila bai gama rabuwa da al'adun Katolika ba. Ba su son mulkin bishop-bishop, ba su son ado a wurin ibada. Da Sarki Charles na Ɗaya ya sallami majalisa a 1629, aka kuma matsa wa masu wa'azinsu lamba, sai suka yanke shawarar yin hijira. Cikin shekara goma, mutum wajen 20,000 suka bi sawunsu, yawancinsu magidanta da mata da 'ya'ya. Ba neman zinariya ya kawo su ba. Gari suke so su gina wanda dokar Allah, yadda suka fahimce ta, za ta shiga kasuwa da kotu har da ɗakin kwana.

Gidan farko na katako ne, sau da yawa ɗaki ɗaya, da wani makeken murhu wanda a gabansa ake girki, ake jin ɗumi, ake karatu da dare. Alkama ba ta karɓi ƙasar sosai ba, sai suka koma ga masara, wadda daga 'yan asalin ƙasar suka koyi nomanta. Abincin yau da gobe shi ne masara dafaffiya mai kauri kamar fatenmu, da wake, da kabewa, da kifi. Uwargida ba ta da hutu: ita ke tatsar saniya, ta kaɗa zare, ta dafa sabulu da toka da kitse, ta yi kyandir. Tun 1634 garin ya keɓe makiyaya ta kowa da kowa, filin da har yau ake kira Boston Common. Gwauro ba ya zaman kansa, dole ya raɓu da wani gida inda maigida zai sa masa ido.

Ranar hutu takan fara tun faɗuwar ranar Asabar. Daga nan ba noma, ba ciniki, ba tafiya. Ranar Lahadi kowa sai ya hallara a ɗakin taro, wanda shi ne wurin ibada, shi ne kuma majalisar gari. Maza gefe guda, mata gefe guda, kowa da mazauninsa daidai matsayinsa. Wa'azi safe da yamma, kowanne awa ɗaya ko fiye, babu kayan kiɗa, babu wutar jin ɗumi. Alƙali Samuel Sewall ya rubuta a kundinsa cewa wata rana gurasar ibada ta daskare don sanyi har tana ƙara a cikin faranti. Ko Kirsimeti ba su yarda da shi ba: daga 1659 zuwa 1681, wanda aka kama yana bikin sai ya biya tarar sule biyar.

Kasuwa ma ba ta tsira ba. A 1639 aka gurfanar da wani attajiri, Robert Keayne, bisa laifin cin ƙazamar riba a kan kaya irin su ƙusa da linzami. Kotu ta ci shi tara mai nauyi, coci kuma ya sa shi ya nemi gafara a bainar jama'a.

Abin da ya fi burge ni game da mutanen nan shi ne karatu. Sun yi imani cewa kowane mutum sai ya karanta Littafi Mai Tsarki da idonsa. Saboda haka, shekara shida kacal da zuwansu, a 1636, suka kafa kwalejin da ta zama Jami'ar Harvard. A 1647 suka yi doka: duk garin da ya kai gida 50 ya ɗauki malami, wanda ya kai 100 ya buɗe makarantar da za ta shirya yara shiga kwaleji. Mutanen da ke fama da sassabe da tuge kututture ne suka ɗora wa kansu wannan nauyi.

Sai dai wanda ya gudo daga zalunci bai tsira daga aikata shi ba. Tun 1631, cikakken ɗan coci kaɗai ke da ƙuri'a a zaɓen shugabanni. Roger Williams ya ce hukuma ba ta da hurumi a kan imanin mutum, kuma ƙasar nan tana da masu ita, sai aka yanke masa hukuncin kora a 1635, ya je ya kafa garin Providence. Anne Hutchinson, ungozoma ce da ke tara mutane a gidanta suna bitar wa'azi, ita ma aka kore ta a 1638. Mary Dyer, 'yar ɗarikar Kirista ta Quaker, rataye ta aka yi a 1660.

Masu ƙasar sun fi kowa ɗanɗana kuɗa. Annoba ta riga ta cinye ƙauyukansu, agana ta sake aukar musu a 1633. A 1637 mayaƙan Turawa da ƙawayensu suka banka wa garin ƙabilar Pequot wuta a Mystic, ɗaruruwa suka halaka, har da mata da yara. An kai wasu kamammu tsibiran Karibiyan, jirgin da ya kai su, Desire, ya dawo a 1638 ɗauke da bayi 'yan Afirka. A 1641 dokar yankin ta halatta bauta.

Ba na jin adalci ne a ɗauki rabin labarin nan a bar rabi. Himmar da ta gina makaranta ita ce ta kafa gungumen rataya, domin mutanen sun tabbatar wa kansu cewa gaskiya a hannunsu kaɗai take. Mulkinsu bai ɗore ba: Landan ta soke takardar izinin mulkin kansu a 1684, sabuwar da aka ba su a 1691 ta ɗora ƙuri'a a kan dukiya maimakon zama ɗan coci. Makarantunsu da taron garinsu sun rayu. A kan 'yancin imani kuwa, ra'ayin Williams, mutumin da suka kora, shi Amurka ta ɗauka daga baya.