Girman Kan Namiji a Fim ɗin Un homme qui crie

Mahamat-Saleh Haroun, ɗan ƙasar Cadi, ya fitar da wannan fim a 2010, ya kuma ci kyautar alƙalai a bikin Cannes. Tauraronsa, Adam, tsohon zakaran ninƙaya ne mai kula da wurin iyo a wani otel a Njamena. Da sababbin masu otel suka ba ɗansa Abdel aikin, suka mayar da shi maigadi, sai kishi ya sa ya miƙa yaron ga soja lokacin yaƙin basasa.

Zambon yana cikin laƙabinsa: ana kiransa zakara alhali ƙofa yake buɗe wa motoci. Ya sami aikinsa, amma nadama ta ware shi daga iyalinsa. A ƙarshe gawar Abdel ya saki cikin kogi.