Yadda ake ɗaukar faɗa a gajeren fim ba tare da an ji wa kowa ciwo ba

Matasa da dama a Yamai na shirya gajerun finafinai da wayar salula, kuma da wuya a rasa naushi ko kokawa a ciki. Abin ba sabo ba ne a silimar Nijar. A 1966 Moustapha Alassane ya fitar da «Le Retour d'un aventurier», labarin wani saurayi da ya dawo daga Amurka da kayan kaboyi, ya rarraba wa abokansa, suka addabi garinsu. Cibiyar al'adun da ke kusa da Petit Marché, wadda a da ake kira Jean Rouch, sunansa take ɗauke da shi tun 2024.

To, yaya ake yi? Naushin fim ba ya sauka a jiki. Ana ajiye kyamara a bayan kafaɗar mai dukan, ta yadda hannun zai wuce gaban fuskar abokin wasa, amma mai kallo ba zai ga tazarar ba. Wanda aka «daka» shi ke da babban aiki: ya juya kai daidai lokacin, ya yi tangaɗi, ya faɗi. Ƙarar dukan kuwa sai wurin tace hoto ake saka ta. Ana gwajin kowane motsi sannu a hankali, sau da yawa, kafin a ƙara sauri.

Kayarwa ta fi naushi haɗari. Ƴan kokowar gargajiya, masu neman takobin ƙasa tun 1975, a kan rairayi suke karawa. Siminti da kwaltar bakin kasuwa ba sa yafiya, shi ya sa ake shimfiɗa katifa inda kyamara ba ta gani.

Sai kuma taron jama'a. A wuri mai cunkoso kamar kasuwa, mai wucewa bai san wasa ake ba. Mutum ɗaya ya ce «ɓarawo!», ɗan wasa na iya shan dukan gaske. Don haka a nemi izinin hukuma, a sanar da ƴan sanda da shugabannin ƴan kasuwa tun da wuri.

Kafin komai, mai shirya fim ya san dalilin faɗan a cikin labarinsa, ya kuma nuna abin da ya biyo baya, domin yara ma suna kallo, kuma suna kwaikwayo.