Annobar Hiroyin a Amurka: Laifi ko Cuta?

Nufinmu a wannan takarda shi ne mu duba yadda shan hiroyin da danginsa ya tashi daga laifin da aka bar wa 'yan sanda, ya zama annobar da gwamnatin Amurka ta kafa dokar ta-ɓaci ta kiwon lafiya a kanta ran 26 ga Oktoba, 2017.

Masifar dai a ɗakin likita ta soma. A cikin 1996 kamfanin Purdue Pharma ya fito da ƙwayar kashe zafin ciwo mai suna OxyContin, wadda gidansu ɗaya da hiroyin, da kuma kodin ɗin da muka sani. Kamfanin ya yi ta tabbatar wa likitoci cewa da wuya ta zame wa majiyyaci jaraba. A 2007 aka amsa laifin wannan yaudara gaban shari'a, aka biya tarar wajen dala miliyan 600. Sa'an nan a 2010 aka sāke sarrafa ƙwayar yadda ba ta dakuwa, domin a hana shaƙarta ko yin allura da ita.

A ganinmu nan ne aka yi babban kuskure, watau an toshe hanya ba a tanadi magani ba. Waɗanda suka riga suka kamu ba su warke ba, sai da yawansu suka koma ga hiroyin, wanda ya fi araha. Daga 2013 kuwa dillalai suka shiga gauraya shi da fentanil, mai ƙarfinsa wajen sau 50. Waɗanda miyagun ƙwayoyi suka kashe a 2017 sun kai 70,000. A 2021 sun haura 100,000.

Yadda yake kisa kuwa, yana danne sashen ƙwaƙwalwa mai kula da numfashi, har numfashin ya tsaya. Wanda ya fito daga kurkuku ya fi kowa shiga haɗari, don jikinsa ya daina sabo, awon da ya saba sha dā sai ya zame masa ajali. Ashe ɗauri kaɗai ba ya ceton rai. Abin da aka ga amfaninsa shi ne ɗora mai jarabar bisa metadon ko bufrenofin a hannun likita, da kuma baza naloksan, mai komo da numfashi cikin 'yan mintoci, wanda a 2023 aka yarda a sayar da shi ba tare da takardar likita ba. A 2024 mace-macen sun sauko zuwa wajen 80,000.