Ɓacewar Fayilolin Taska a Kwamfuta da Hanyar Gyaransu

Galibin manhajojin kwamfuta ba sa ɗauke da dukan umarnin da suke bukata a cikinsu. Akwai waɗansu fayiloli na tarayya, wato fayilolin taska, waɗanda a tsarin Windows sunansu ke ƙarewa da DLL. Manhajoji da dama sukan ɗebi umarni daga fayil guda, kamar yadda 'yan unguwa ke ɗiban ruwa a rijiya ɗaya. In rijiyar ta ƙafe ko ta gurɓata, kowa ya shiga wahala.

Musabbabin wannan matsala iri uku ne. Na farko, sabuwar manhaja ta danne fayil da wani wanda bai dace ba. Na biyu, a cire wata manhaja ta tafi da fayil ɗin da wasu ke dogaro da shi. Na uku, wuta ta ɗauke ana cikin rubuta fayil, ko ƙwayar cuta ta lalata shi. Abin ya yi ƙamari a shekarun 1990, har kamfanin Microsoft ya sanya tsarin kare fayiloli cikin Windows 2000.

Mai gyara zai fara da karanta sunan fayil ɗin da saƙon kuskure ya ambata. Alal misali, MSVCP140.dll na cikin ƙunshin Visual C++ ne, sai a sake girka ƙunshin daga Microsoft. In kuwa fayil ɗin na Windows ne kansa, umarnin sfc /scannow yakan bincika ya mayar da ingantacce. Abin gudu shi ne ɗauko fayil guda daga shafin da ba a san asalinsa ba, domin sau da yawa ta nan ɓarayin bayanai ke shigowa.