Matsala Mai Warwaruwa: Bayani a Kan Kalmomin "Solvable" da "Soluble"

Wata rana malaminmu na Turanci ya shigo aji, bai ce da kowa kome ba, sai ya ɗauki alli ya rubuta wannan jimla a allo: "The problem of Rugu forest is soluble." Sa'an nan ya juyo ya tambaya ko wa zai fassara ta da Hausa. Wani ɗan ajinmu, wanda ya fi mu duka ƙoƙari a Kemistiri, ya yi wuf ya ɗaga hannu ya ce, "Malam, matsalar Dajin Rugu tana narkewa cikin ruwa." Nan take aji ya kaure da dariya. Malam kuwa bai yi dariya ba. Ya ce yaron nan iyakar abin da aka koya masa ke nan, mu da ke dariya mu je mu binciko sauran. Abin da na samo a wannan bincike shi ne nake so in kawo wa 'yan'uwana ɗalibai, musamman waɗanda jarrabawar WAEC ta gabato.

Bari mu fara da asali, domin Bahaushe ya ce kowa ya bar gida, gida ya bar shi. Kalmomin solve da solution da soluble da solvable da solvent da dissolve duk uwarsu ɗaya, watau wata kalma ta harshen Latin, solvere. Ma'anarta kuwa ita ce kwancewa, kamar yadda ake kwance ɗauri, ko a kwance akuya daga turke. Ashe ke nan in Bature ya ce zai yi solving ɗin matsala, ya ɗauke ta tamkar ƙulli ne da zai kwance. Abin sha'awa a nan shi ne Bahaushe ma haka ya ga al'amarin. Da kalma ɗaya muke warware igiya, mu warware rawani, mu warware matsala. In magana ta rikice mukan ce ta cukurkuɗe, in kuwa aka fara gane kanta sai mu ce an gano bakin zaren.

To, ina amfanin wutsiyar nan ta -able da ke ƙarshen solvable? Ɗafa-ƙeya ce da Turanci ke liƙa wa aikatau don ya nuna abu mai yiwuwa ne. Daga eat a sami eatable, daga read a sami readable, daga solve a sami solvable. Ɗalibai da yawa suna zaton Hausa ba ta da irin wannan dabara, alhali kullum muna amfani da ita a gida. Mukan ce keken nan ba ya gyaruwa, ko tuwon nan ba ya ciyuwa, ko hanyar Runka ba ta biyuwa yau saboda ruwan sama, ko gonar fadama tana nomuwa da rani. Wasalin u da muke sa wa aikatau a irin waɗannan jimloli shi ke yin aikin da -able ke yi. Saboda haka fassarar solvable ita ce mai warwaruwa. Unsolvable shi ne abin da ba ya warwaruwa. Solvability kuwa suna ne, ma'anarsa yiwuwar warware abu.

Yanzu sai kalmar da ta kā da abokinmu. Soluble ta girmi solvable a Turanci da ɗaruruwan shekaru, kuma fuska biyu gare ta. Fuska ta fari ita ce ta ɗakin gwaji: abin da ke narkewa cikin ruwa ko wani abu mai ruwa-ruwa. Gishiri da sukari da kanwa duk soluble ne. Yashi da man gyaɗa kuwa insoluble ne cikin ruwa, kome daɗewar da ka yi kana motsawa. Narkewar ma tana da iyaka. In zafin ruwa ya kai digiri 20, giram 100 na ruwa zai narkar da gishiri wajen giram 36 kawai, abin da ya ƙaru a kan haka sai ya kwanta a gindin kofi. Amma wannan ruwan zai iya shanye sukari wajen giram 200. Wannan iyaka ita ake kira solubility. Ruwan da abu ya narke a ciki sunansa solution, kamar ruwan gishiri da sukari da ake ba yaro mai zawo. Fura ba ta cikin wannan lissafi. Dama ta ake yi, ba narkewa take yi ba, shi ya sa in aka ajiye ƙwarya ta jima sai garin ya kwanta, ruwa ya taso sama.

A nan akwai wani rami da ɗan Hausa ke yawan faɗawa. Mu kalma ɗaya gare mu, narke, amma Turanci biyu gare shi. Man shanu da aka bari a rana ya narke, wannan melt ne, zafi ya jawo shi. Gishiri da aka zuba a miya ya narke, wannan dissolve ne, ruwa ya shanye shi. Wanda ya rubuta cewa man shanu soluble ne a rana, mai duba takarda zai ja masa jan layi.

Fuska ta biyu ta soluble ita ce wadda malam ya nufa a allo, watau daidai take da solvable. Ana cewa a soluble problem, ana kuma cewa an insoluble problem, Turawan Ingila ma sun fi na Amurka yin haka. In ka lura, solution ita ma fuska biyu gare ta: ruwan da abu ya narke a ciki, da kuma amsar lissafi. Dalili kuwa shi ne asalin nan na kwancewa. Ƙwayar gishiri a ƙulle take, ruwa ya kwance ta. Ga dokar a taƙaice: soluble tana shiga ɗakin gwaji, tana kuma shiga ajin lissafi, amma a Turancin yau solvable ta matsala ce kaɗai. Kada wanda ya rubuta "Sugar is solvable in water."

Har wa yau akwai ma'ana ta uku, wadda ta shafi kuɗi. Bashi ma ɗauri ne, wanda ya biya ya kwance kansa. Sa'ad da solvable ta shigo Turanci a ƙarni na 17, ana kiran mutumin da ke iya biyan bashinsa da ita. Daga baya Turanci ya bar wa solvent wannan aiki, shi ya sa ake ce da kamfanin da ya karye insolvent. Amma Faransanci bai saki tsohuwar ma'anar ba. Ɗan kasuwarmu da ya bi ta Jibiya ya shiga Maraɗi, in ya ji ma'aikacin banki ya ce wane solvable ne, to, cewa ake yi yana da halin biya, ba wai za a warware shi ba.

Babban abin da na ƙaru da shi kuwa shi ne bambancin unsolved da unsolvable. Harufa kaɗan suka raba su, amma tsakaninsu akwai tafiya mai nisa. Unsolved ita ce matsalar da ba a warware ba tukuna. Unsolvable ita ce wadda aka tabbatar ba ta warwaruwa. Malaman lissafi ba su yarda a haɗa su ko kusa, kuma ba sai mun je Turai neman misali ba. Ƙasar Katsina ta yi wani shahararren malami, Muhammadu ɗan Muhammadu al-Fulani al-Katsinawi, wanda ya rubuta littafi da Larabci a 1732 a kan yadda ake tsara hatimin lambobi, ya kuma rasu a Alƙahira a 1741. Ga irin aikin: zana murabba'i mai gida tara, ka zuba lambobi daga 1 zuwa 9, kowace sau ɗaya, yadda kowane layi, a kwance ko a tsaye ko a karkace, zai ba da 15. Mai yiwuwa ka kwana uku kana gogewa, amma aikin solvable ne. In ka sa 5 a gidan tsakiya ka kama bakin zaren.

To, gwada mai gida huɗu, da lambobi 1 zuwa 4. Jimlarsu 10, saboda haka tilas kowane layi ya ba da 5. Lamba 1 tana bukatar 4 a gefenta don layin kwance, tana kuma bukatar 4 a sama ko a ƙasanta don layin tsaye, ga shi kuwa 4 ɗaya ce tak. Wannan aiki unsolvable ne, kuma mun faɗi haka da hujja a hannu. Ba gajiya ce ta sa muka faɗa ba.

Haka abin yake har ga manyan masana. A 1824 wani saurayi ɗan ƙasar Norway, Niels Abel, ya tabbatar cewa lissafin aljabara da ya kai x⁵ ba shi da ƙa'ida guda ta fid da amsa irin wadda muke haddacewa don x². Daga nan masu neman wannan ƙa'ida suka huta. Amma wata matsala da Bafaranshen nan Pierre de Fermat ya bari wajen 1637 ta gagari kowa fiye da shekara 350, har Andrew Wiles na Ingila ya warware ta a 1994. Duk tsawon wannan zamani unsolved take. Da wani ya gaji ya kira ta unsolvable, da ya yi ƙarya.

Wannan ya komo da mu ga jimlar da malam ya rubuta. Ba wanda zai ba ɗan Batsari ko ɗan Safana labarin Dajin Rugu. A watan Fabrairu na 2020 'yan bindiga suka faɗa wa Tsauwa da Dankar a ƙasar Batsari, aka kashe mutum 30. Sulhun da gwamnatin Aminu Bello Masari ta yi da 'yan daji a 2019 bai shekara ba ya wargaje. A 2021 aka rufe kasuwannin dabbobi, aka kuma yanke layin waya a ƙananan hukumomi da dama, har da namu biyu. A 2023 gwamnatin Dikko Umaru Raɗɗa ta kafa rundunar tsaro ta 'yan ƙasa, a 2025 kuma aka yi zaman sulhu a Batsari da Jibiya da Safana. Tsakanin waɗannan shekaru gonaki nawa ne suka daina nomuwa, ɗalibai nawa ne suka bar aji suka bi iyayensu gudun hijira? Ba mamaki in ka ji dattijo ya yi ajiyar zuci ya ce abin nan ba shi da magani.

Amma mai faɗin haka ya yi amfani da unsolvable a inda unsolved ta dace, domin ba shi da hujja irin ta hatimi mai gida huɗu. Tarihi ma bai goyi bayansa ba. Bayan jihadi, sarakunan Katsina na dā suka koma arewa suka kafa Maraɗi, aka yi shekaru masu yawa a ƙarni na 19 ana kai wa juna hari, ƙasar Ruma kuwa tana bakin daga. A wannan zamani ne Ɗanwaire ya yi suna. Mutanen lokacin sun haifi 'ya'ya cikin yaƙi, sun aurar da su cikin yaƙi, lalle wasunsu sun zaci abin ba shi da ƙarshe. Ga shi jikokinsu sun zo suna cin kasuwa ɗaya da Maraɗawa, suna auratayya.

Sai dai kada mu ruɗi kanmu. Matsalar mutane ta bambanta da ta allo, wadda amsarta guda ce, a ja layi biyu a ƙarƙashi a tashi. Shi ya sa in rigima ce tsakanin jama'a Turanci ya fi son resolve ko settle, mu kuma mu ce sasantawa ko sulhuntawa. Ƙullin Rugu igiyoyi da yawa ne suka sarƙe: burtali da makiyaya da aka nome, satar shanu, ramuwar gayya, bindigogi da ke shigowa ta kan iyaka, yaran daji da na gari da ba su taɓa shiga aji ba, da mai ƙara da ya rasa inda zai kai kukansa. In aka ja igiya ɗaya da ƙarfi aka bar sauran, ƙullin ƙara tamkewa yake yi. Malamin Kemistiri ma ya koya mana kada mu ce abu insoluble ne mu yi shiru, sai mun faɗi cikin mene ne. Fentin mai ba ya fita da ruwa, ko da za ka ƙarar da rijiya, amma kananzir kaɗan ya ishe shi. In an gwada hanya ɗaya ba ta ci ba, abin da aka sani kawai shi ne wannan hanyar ba ta ci ba.

Saboda haka, 'yan'uwana ɗalibai, ga abin da za mu riƙe. In ana maganar gishiri da ruwa, soluble. In ana maganar lissafi ko wata matsala, solvable ko soluble, duk wadda ka ɗauka daidai ne. In ana maganar biyan bashi, solvent. Kafin kuma ka rubuta unsolvable, a takardar jarrabawa ko a zuciyarka, tambayi kanka ko hujja gare ka, ko kuwa gajiya ce kawai. Abokinmu da aka yi wa dariya shi ya fara cika gidajen hatimin nan tara a ajinmu, ya kuwa sami 15 ta kowane gefe.

Allah ya ba mu sa'ar jarrabawa, ya zaunar da ƙasarmu lafiya, amin.